Yahudawa da Kiristoci: Gabar da Aka Koyar Daga Kan Mumbari

A bakin mutanenmu tare ake ambaton Yahudu da Nasara, a wa'azi da zauren hira da rubuce-rubucen intanet, kamar 'yan ɗaki ɗaya ne da ba su taɓa saɓawa ba. Wanda yake kallon siyasar duniya a yau, yana ganin yadda Amurka take tsaya wa Isra'ila a kusan kowane zama na Majalisar Ɗinkin Duniya, ba za a ga laifinsa ba idan ya ɗauka haka abin yake tun asali. Sai dai wannan jituwa ba ta kai shekara 100 ba, kuma kafin ta akwai fiye da shekara 1,500 na raini da kora da zubar da jini. Alƙur'ani ma ya ba da labarin saɓanin a aya ta 113 ta Suratul Baƙara, inda kowane ɓangare yake cewa ɗayan ba a kan komai yake ba, alhali suna karanta Littafi. Ra'ayina a kan wannan dogon tarihi shi ne cewa abin da ya fi halaka Yahudawa a ƙasashen Kirista shi ne rainin da aka yi ƙarnoni ana koyarwa a majami'u da makarantu, kuma sulhun da aka yi daga baya ya samu gindin zama ne saboda an koma an taɓa wannan koyarwar da kanta.

Rigimar ta cikin gida ce da farko. Yesu Almasihu, wanda Musulmi suke kira Annabi Isa alaihis salam, a cikin Bani Isra'ila aka haife shi, haka mahaifiyarsa Maryamu, haka almajiransa, haka Bulus mutumin Tarsus wanda ya kai saƙon ga sauran al'ummai. Tambayar da ta fara raba kawuna ita ce ko wanda ba Bayahude ba, idan ya ba da gaskiya, wajibi ne a yi masa kaciya ya kuma kiyaye dokokin abinci na Attaura. Taron da manzanni suka yi a Urushalima, wato Kudus, wajen shekara ta 50 ya sauƙaƙa wa baƙi, daga nan kuma yawansu ya fara rinjayar na 'yan asali. A shekara ta 70 sojojin Rum a ƙarƙashin Titus suka rushe Haikali, babban ɗakin ibadar Yahudawa da ke Urushalima, a 135 kuma suka murƙushe tawayen Bar Kokhba, sarki Hadriyan ya hana Yahudawa shiga birnin. Kiristoci da yawa suka fassara wannan masifa da cewa hukuncin Allah ne a kan mutanen da suka ƙi Almasihu. A nan ne, a ganina, aka yi babban kuskuren karatu. Kalamai masu zafi da ke cikin Bishara, irin wanda yake a Matiyu 27:25 inda taron jama'a yake ɗaukar alhakin jinin Yesu a kansa da 'ya'yansa, sun fito ne daga gardamar Yahudawa da Yahudawa, a lokacin da mabiya Yesu tsiraru ne marasa iko. Da aka wayi gari masu karanta su ba su da dangantaka da Yahudawa, ga kuma takobin daula a hannunsu, sai kalaman suka zama takardar tuhuma a kan al'umma sukutum.

Adalci ya sa a faɗi cewa zaluncin bai kasance halin ɓangare ɗaya ba. Littafin Ayyukan Manzanni ya ba da labarin jifan Istifanus, Bulus da kansa ya shaida cewa ya tsananta wa masu bi kafin ya shiga cikinsu, kuma wajen shekara ta 523 sarkin Himyar, Zu Nuwas, wanda ya bi addinin Yahudanci, ya karkashe Kiristocin Najran, abin da malaman tafsiri da dama suke dangantawa da mutanen rami na Suratul Buruj. Abin da ya bambanta shi ne wanda ya daɗe da iko. Tun daga 313, lokacin da Kustantin ya ba Kiristanci 'yanci, zuwa 380 da Tiyodosiyas ya mayar da shi addinin daular Rum, mulki ya koma hannu ɗaya, kuma a Turai ya zauna a can.

Akwai wani abu da ya faru a Antakiya a shekarun 386 da 387 wanda nake ganin ya fi kowane misali nuna cewa ƙiyayyar nan sai da aka koyar da ita. Yohanna Krisostom, mai wa'azin da babu kamarsa a fasahar magana a zamaninsa, ya hau mumbari ya yi wa'azi takwas yana zagin majami'ar Yahudawa da munanan kalamai. Dalilin fushinsa kuwa 'yan cocinsa ne, domin sun kasance suna halartar bukukuwan Yahudawa, suna azumi tare da su, suna zuwa majami'arsu neman magani, wasu har sun fi yarda da rantsuwar da aka yi a can. Wato shekara 300 bayan rushewar Haikali, talakan Kirista da talakan Bayahude na birni ɗaya suna shiga harkar juna ba tare da jin wani abu ba, malamai ne suka ga haɗari a ciki suka tashi raba su. Shekara guda bayan haka, a 388, jama'a suka ƙona majami'ar Yahudawa a Kalinikum, wato Raƙƙa ta Siriya a yau, da zugar bishop na garin. Sarki Tiyodosiyas ya umarci a sake gina ta da kuɗin bishop ɗin, amma Ambrose, bishop na Milan, ya matsa masa lamba har ya janye umarnin. Darasin da masu tarzoma suka ɗauka daga wannan bai buƙaci bayani ba.

Matsayin da cocin Yamma ta riƙe na tsawon ƙarnoni daga Augustine na Hippo ya fito, wanda ɗan Afirka ta Arewa ne. Ya kafa hujja da Zabura ta 59 cewa kada a kashe Yahudawa, a bar su a warwatse a ƙasƙance, suna ɗauke da littattafan annabawa domin su zama shaida ga gaskiyar Kiristanci ba da sonsu ba. Fafaroma Gregory na Farko ya hana a tilasta musu baftisma, wato wankan shiga Kiristanci, kuma daga wajen 1120 fafaromomi suka riƙa sabunta wata takarda da ta haramta taɓa rayukansu da dukiyarsu da maƙabartunsu. Masu kare tarihin coci suna nuna wannan, kuma gaskiya ne ya ceci rayuka. Amma a duba abin da talaka yake gani. A ƙofar kudu ta babban cocin Strasbourg an kafa mutum-mutumin mata biyu wajen 1230. Ɗaya Ikilisiya ce, wato coci, da kambi a kanta, tana riƙe da gicciye da ƙoƙon jibi, ta miƙe tsaye. Ɗayar Majami'ar Yahudawa ce, an ɗaure mata idanu da ƙyalle, mashinta ya kakkarye, kanta a sunkuye, allunan Attaura suna zamewa daga hannunta. Manomin da bai iya karatu ba bai taɓa ganin takardar Fafaroma ba, amma wannan hoton yana ganinsa duk lokacin da ya shigo birni, a makon Ista kuma yana jin cewa waɗannan su ne suka kashe Ubangijinsa. Wanda ya koyar da haka sannan ya ce kada a taɓa su, kamar mai tara busasshiyar ciyawa ne a gindin rumbu yana gargaɗin yara kada su kunna ashana.

Wutar ta tashi a 1096. Rundunonin da suka fito Yaƙin 'Yan Salibi na farko, tun kafin su ga Musulmi ko ɗaya, suka afka wa Yahudawan Worms da Mainz da Cologne a gaɓar kogin Rhine, suna cewa me zai sa su yi tafiya mai nisa neman maƙiyan Almasihu alhali ga su a ƙofar gida. Bishop na Speyer ya iya kare yawancin na garinsa, na Mainz ya ɓoye su a fadarsa amma aka fi ƙarfinsa, ɗaruruwa suka mutu. Abin da ya faru a York ta Ingila a watan Maris na 1190 ya fi fito da ɗaya fuskar lamarin. Yahudawan garin, kimanin 150, suka gudu suka fake a hasumiyar gidan sarki, jama'a suka kewaye su. Da suka ga babu mafita, yawancinsu suka zaɓi mutuwa da hannunsu, waɗanda suka fito da alkawarin karɓar baftisma kuma aka kashe su a bakin ƙofa. Daga nan jagororin tarzomar, irin su Richard Malebisse wanda bashi ya yi masa katutu, suka zarce babban cocin garin inda ake ajiye takardun bashi, suka tara su a tsakar ɗakin ibada suka cinna musu wuta. A wurare da dama an hana Bayahude mallakar gona da shiga ƙungiyoyin masu sana'a, coci ta haramta wa Kirista ba da bashi da ruwa, sarakuna suka tura Yahudawa cikin wannan sana'a suna tatsar su haraji. Mai bin bashi ba ya farin jini a ko'ina, amma koyarwar addini ce ta sa mai cin bashi ya ji cewa kashe wannan mai bin bashin lada ne.

Ƙarya kuma ta yi ta haihuwa. A Norwich, bayan mutuwar wani yaro mai suna William a 1144, aka ƙirƙiro labarin cewa Yahudawa suna kashe yaran Kirista domin ibada, daga baya aka ƙara cewa jininsu suke nema, alhali Attaura ta haramta cin jini ko na dabba. Majalisar Lateran ta Huɗu, babban taron shugabannin coci a 1215, ta wajabta wa Yahudawa da Musulmi sutura ta daban domin a gane su. A 1242 aka ƙona Talmud, littafin koyarwar malaman Yahudawa, cike da kekunan shanu a Paris. Ingila ta kore su a 1290, Faransa a 1306. Da annobar da ta cinye wajen sulusin mutanen Turai ta sauka a 1348, aka ce su ne suka zuba guba a rijiyoyi. Fafaroma Innocent na Huɗu ya ƙaryata zancen jini tun 1247, Clement na Shida kuma ya rubuta cewa annobar tana kashe Yahudawa kamar kowa, tana kuma kashe mutane a garuruwan da babu Bayahude ko ɗaya. Hujja ce mai ƙarfi, amma ihu ne bayan hari. A watan Fabrairu na 1349 mutanen Strasbourg, garin da mutum-mutumin nan suke, suka ƙona ɗaruruwan Yahudawa tun kafin annobar ta iso garin, aka kuma yafe basussukan da ake bin mutane.

Sifaniya ta ƙara wani abu sabo wanda nake ganin ya fi kora muni. Bayan tarzomar 1391 dubban Yahudawa sun karɓi baftisma don tsira, amma maimakon a rungume su sai aka fara zarginsu da ɓoye tsohon addini, Toledo ta kafa dokar tsarkin jini a 1449, aka kafa kotun binciken aƙida a 1478. Wannan ya saɓa wa koyarwar Kiristanci kanta, wadda ta ce baftisma tana mayar da mutum sabo, domin yanzu laifin ya tashi daga aƙida ya koma jini. A 1492, shekarar da Garnada ta faɗi, sarki Ferdinand da sarauniya Isabella suka kori duk Bayahuden da ya ƙi shiga Kiristanci, da yawa suka nufi Maroko da Daular Usmaniyya ta Sarki Bayazid na Biyu. Venice ta killace Yahudawanta a unguwa ɗaya a 1516, Roma ta bi sahu a 1555, kuma unguwar killacewa ta Roma ba ta ƙare ba sai 1870. Sabon tafarkin Furotesta ma bai kawo sauƙi ba. Martin Luther, jagoran tafarkin, ya rubuta a 1523 cewa a tausasa musu domin Yesu ɗan'uwansu ne na jini, yana sa ran za su bi shi. Da suka ƙi, sai ya rubuta a 1543 cewa a ƙona majami'unsu, a rushe gidajensu, a ƙwace littattafansu, a hana malamansu koyarwa.

Ban yarda da masu cewa Kiristanci ne ya haifi 'yan Nazi ba. Aƙidarsu ta launin fata da jini ce, sun raina tausayin da Bishara take koyarwa, sun kashe limaman coci, sun kuma kashe Yahudawan da suka zama Kirista, irin su Edith Stein, 'yar zuhudun Katolika da ta mutu a sansanin kisa na Auschwitz a 1942. Amma ban kuma yarda da masu wanke coci tas ba. An kashe Yahudawa miliyan 6 a nahiyar da kusan kowa an yi masa baftisma, kuma aikin ya buƙaci direbobin jirgin ƙasa da 'yan sanda da magatakarda da maƙwabtan da suka kawar da kai. Bayan daren 9 zuwa 10 ga Nuwamba 1938, da aka ƙona majami'un Yahudawa a faɗin Jamus, bishop Martin Sasse na Thuringia ya buga kalaman Luther yana murnar cewa abin ya dace da ranar haihuwar Luther. Waɗanda suka tsaya sun nuna cewa tsayawar mai yiwuwa ce. Bernhard Lichtenberg, limamin Katolika a Berlin, ya riƙa yi wa Yahudawa addu'a a fili kowace yamma har aka kama shi, ya rasu a 1943 a hanyar kai shi sansanin gwale-gwale na Dachau. Mutanen ƙauyen Le Chambon a Faransa, da jagorancin fasto André Trocmé, sun ɓoye dubbai a gidajensu da gonakinsu. Littafi ɗaya suke karantawa da sauran, abin da aka koya musu a cikinsa ne ya bambanta. Ko bayan yaƙin ƙaryar ba ta mutu ba, domin a Kielce ta Poland a 1946 jita-jitar sace yaro ta sa an kashe Yahudawa 42, da yawansu waɗanda suka tsira daga sansanonin mutuwa.

Mutumin da ya fi kowa gane inda cutar take shi ne Jules Isaac, masanin tarihi Bayahude ɗan Faransa, wanda ya yi rayuwarsa yana rubuta littattafan makaranta, kuma aka kashe matarsa da 'yarsa a Auschwitz. Bai nemi fansa ba, bai kuma tsaya ga neman a yi masa ta'aziyya ba. Ya zauna ya bi Bishara aya bayan aya, ya kwatanta abin da ta faɗa da abin da aka daɗe ana cewa ta faɗa, ya kira bambancin koyarwar raini. Yana cikin waɗanda suka hallara a Seelisberg ta Suwizalan a 1947, inda aka fitar da shawarwari 10 ga masu wa'azi da malaman makaranta. A watan Yuni na 1960, yana tsoho ya haura 80, ya je gaban Fafaroma John na 23, wanda tun 1959 ya cire kalmar da take siffanta Yahudawa da rashin amana daga addu'ar Juma'ar tunawa da gicciye. Su biyun sun rasu a 1963, ba su ga ƙarshen aikin ba. A ranar 28 ga Oktoba 1965 Majalisar Batikan ta Biyu ta amince da sanarwar Nostra Aetate da ƙuri'a 2,221, waɗanda suka ƙi 88. Ta ce ba za a ɗora alhakin mutuwar Almasihu a kan dukkan Yahudawan wancan zamani ba balle na yau, kuma kada a nuna su a matsayin la'anannu ko waɗanda Allah ya watsar. Wannan takardar dai ita ce ta yi magana a kan Musulmi da girmamawa, ta kira a daina riƙon tsohuwar gaba.

Sanarwa ba ta da wuya, majalisu suna fitar da ita kullum. Abin da ya sa nake girmama wannan shi ne ta sauka ƙasa. An gyara littattafan koyar da yara da kalmomin addu'a. A 1965 ɗin aka soke girmama Simon na Trent, yaron da tun 1475 ake cewa Yahudawa suka kashe, bayan an sake duba takardun shari'ar an ga da azabtarwa aka samo amsa laifin. Jama'a ta yi kusan shekara 500 tana zagayawa da abin tunawa da shi, a ce musu ƙarya ce, wannan ba ƙaramin abu ba ne ga kowace hukumar addini. John Paul na Biyu ya shiga babbar majami'ar Yahudawan Roma a 1986 ya kira su yayye, cocin Lutheran ta Amurka ta nesanta kanta daga kalaman Luther a 1994, malaman Yahudawa da dama kuma suka mayar da amsa a 2000 da sanarwar Dabru Emet. Babu wanda ya bar aƙidarsa. Kirista yana nan a kan cewa Yesu ne Almasihu, Bayahude yana nan a kan cewa ba shi ba ne. Abin da aka bari shi ne koya wa yaro cewa maƙwabcinsa la'ananne ne tun daga ciki.

Na san abin da mai karatu zai ce, cewa duk wannan siyasa ce, kuma Falasɗinawa ne suka biya kuɗin tuban Turai. Akwai gaskiya mai ɗaci a rabin maganar, domin mutanen da ba su gina Auschwitz ba su ne suka rasa gidajensu a 1948, cikinsu har da Kiristocin Haifa da Yafa da Kudus, kuma a Oktoba 2023 harin Isra'ila ya kashe masu neman mafaka a harabar cocin Porphyrius na Gaza. Bishop-bishop na ƙasashen Larabawa sun yi wannan fargabar tun a zauren majalisar 1965. Amma abu biyu ne da bai kamata a cakuɗa ba. Batikan ba ta ƙulla cikakkiyar hulɗa da Isra'ila ba sai bayan yarjejeniyar 1993, ta kuma rattaba hannu a kan yarjejeniya da ƙasar Falasɗinu a 2015, wato daina zargin Yahudawa da kisan Almasihu bai tilasta mata amincewa da kowace manufar gwamnatin Isra'ila ba. Goyon bayan da wasu coci-cocin Amurka suke ba Isra'ila ido rufe kuwa ban ɗauke shi cikar sulhu ba, domin da yawansu suna ganin Bayahude ne a matsayin alamar cikar annabcin ƙarshen zamani, kuma wannan bai yi nisa da mai shaidar nan na koyarwar Augustine ba, mutumin da ake ajiyewa saboda amfanin da yake yi wa labarin wani. Haka nan wanda fushin Gaza ya sa ya koma yaɗa cewa Yahudawa masu shan jinin yara ne ko masu haɗa annoba, ya sani cewa kayan Norwich da Strasbourg ya ɗauko, kuma ba su ƙara wa Bafalasɗine ko taku ɗaya na ƙasa ba.

Akwai sauran lissafin da ba a rufe ba. A ranar 16 ga Oktoba 1943 sojojin Jamus suka kwashe Yahudawan Roma fiye da 1,000 daga unguwannin da ba su da nisa da fadar Fafaroma, 16 kaɗai suka dawo. Gidajen zuhudu da coci-coci na birnin sun ɓoye wasu dubbai, amma Fafaroma Pius na 12 bai fito fili ya yi tir da kamen ba, kuma har yau masana suna jayayya ko dabara ce ta ceton rai ko gazawa ce. Fafaroma Francis ya buɗe ma'ajiyar takardun wancan zamani a watan Maris na 2020, masana na kowane ɓangare suna ciki suna karantawa. Ina ganin bai kamata a ci gaba da batun ɗaga Pius zuwa matsayin waliyyi ba sai sun gama, kuma a bar su su buga duk abin da suka tarar.